Taswira a Gaban Alƙali: Inda Maganar Mai Safiyo Take Tsayawa

Rigimar iyaka ba kasafai take tashi a kan fili mai yawa ba. Galibi taku biyu ne ko uku: katangar da magini ya ɗan turo waje, kunya ɗaya da garma take ci kowace damina har ta zama huɗu, ko lungun da unguwa ta daɗe tana bi wani ya wayi gari ya ce cikin fulotinsa yake. Idan mai unguwa da dattawa suka kasa kashe wutar, magana ta kai ga lauya, abin da zai fara faɗa shi ne a nemo mai safiyo. Mutum ya biya kuɗi, a zo da na'ura mai ƙafa uku a yi awo, bayan 'yan kwanaki a miƙa masa faffaɗar takarda mai hatimi da lambobi, an zagaye filin da jan layi. Daga nan da yawa sukan ɗauka shari'a ta ƙare, saura alƙali ya duba ya sa hannu. Ba haka kotunan Nijeriya suke kallon wannan takarda ba. A ganina kuwa suna da hujja, ko da yake akwai inda tsarin yake wahalar da mai gaskiya.

Duk shari'ar fili tambaya biyu ce a cikinta. Ta farko: wane fili ake magana a kai, daga ina ya fara, a ina ya tsaya? Ta biyu: na wane ne? Mai safiyo gwanin tambayar farko ne. Ta biyu ba aikinsa ba ce, kuma yawancin ruɗanin da ake samu daga haɗa su biyun yake fitowa.

Tambayar farko ba ƙarama ba ce. Tun a 1938, a shari'ar Baruwa da Ogunsola, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Afirka ta Yamma ta kafa cewa nauyi na farko a kan mai neman a tabbatar masa da fili shi ne ya nuna wa kotu filin ba tare da shubuha ba. A 1944, a shari'ar Kwadzo da Adjei wadda ta taso daga ƙasar da yau ake kira Ghana, kotun ta kawo ma'aunin da lauyoyinmu suke ambato har gobe: bayanin da mai ƙara ya yi wa filin ya kai yadda mai safiyo zai ɗauki kundin shari'ar kaɗai ya zana wurin daidai? Idan bai kai ba, ƙarar ta faɗi, ko da kuwa wanda ake ƙara bai kawo wani abin kirki ba. Dalilin a fili yake. Hukuncin kotu abu ne da za a je a zartar. Idan alƙali ya hana wani shiga fili, dole ne ma'aikacin kotu ya san inda zai tsaya ya ce nan ne, kuma dole wanda aka hana ya san takun da zai yi ya zama ya raina kotu. Hukuncin da bai da iyaka sabuwar rigima kawai yake haifarwa ga 'ya'yan masu shari'ar.

Duk da haka, kotuna sun sha nanata cewa taswira ba sharaɗi ba ce. Idan ɓangarorin biyu sun san filin, ba su yi jayayya a kan inda yake ko girmansa ba, to bayanin baki ya wadatar: gabas ya yi iyaka da gonar wane, arewa da burtali, yamma da rafi. Wanda ake ƙara ne zai tayar da batun a takardar kare kansa, ya ce filin da ake nufi ba shi ne wanda yake ciki ba, ko iyakokin da aka faɗa ba daidai ba ne. In bai tayar ba tun farko, ba zai zo a ƙarshe ya fake da rashin taswira ba. Sai dai rigimar iyaka ita ce ainihin inda wannan sauƙin ba ya aiki, domin layin kansa ake faɗa a kai. A nan da wuya mutum ya yi nasara a babbar kotu ba tare da awo ba.

Tambaya ta biyu kuwa tana da nata hanyoyin. A shari'ar Idundun da Okumagba ta 1976, Kotun Ƙoli ta lissafa hanyoyi biyar na tabbatar da mallakar fili: tarihin gado tun daga wanda ya fara saran wurin, takardun mallaka ingantattu, ayyukan mai abu, kamar sayarwa da ba da haya ko aro, masu yawa kuma na tsawon lokaci, daɗewa ana riƙe da wurin ana amfani da shi, sai mallakar filin da ke maƙwabtaka ta yadda hankali zai karkata ga cewa mai shi ɗaya ne. Babu taswirar safiyo a cikin biyar ɗin. Ko satifiket ɗin gwamna, wanda mutanenmu suke ɗauka a matsayin ƙarshen zance, Kotun Ƙoli ta nuna a shari'ar Ogunleye da Oni ta 1990 cewa hujja ce ta farko kawai: idan aka gano wani ya riga mai satifiket ɗin samun haƙƙi a wurin, kuma ba a soke haƙƙin nasa bisa doka ba, takardar ba za ta tsaya ba. In satifiket bai tsira ba, ina ga taswirar da aka liƙa a bayansa?

Wanda ya taɓa ganin yadda ake yin taswirar shari'a zai gane dalilin wannan taka-tsantsan. Mai safiyo ba ya zuwa fili da sanin tarihinsa. Wanda ya ɗauke shi aiki ne yake shiga gaba yana nuni: iyakata ta fara daga wannan tsamiya, ta bi ta jikin wancan aduruku, ga kufan gidan kakana, ga inda suka shigo min. Shi kuwa ya auna, ya zana, ya zagaye filin da ake nema da launi ɗaya, inda aka ce an yi kutse da wani launi, ya rubuta sunayen maƙwabta kamar yadda aka faɗa masa. Awon na iya zama daidai har zuwa santimita, amma abin da aka auna ɗin iƙirarin mutum ɗaya ne. Shi ya sa kotu take rarrabe abin da ke jikin takardar gida biyu. Akwai abin da mai safiyo ya gani da idonsa ya auna da na'urarsa: tsawon katanga, wurin da turken siminti yake, faɗin hanya. A kan wannan shi shaida ne na gani da ido kuma masani. Akwai kuma abin da aka gaya masa: wannan rijiya mahaifin wane ne ya haƙa, wannan shinge tun zamanin kaza yake. Wannan ji-ta-ji-ta ce, sai an kawo wanda ya sani ya faɗa da bakinsa a gaban kotu. Lauyan da ya miƙa taswira mai kyau bai kira maƙwabcin iyaka ko ɗaya ba, rabin aiki ya yi. Haka idan shaidun mai ƙara suka faɗi iyakokin da suka saɓa wa taswirarsa, shi da kansa ya rusa ƙararsa.

Sashe na 68 na Dokar Shaida ta 2011 ne ya buɗe wa ra'ayin masana ƙofa a kotu. Kafin a saurari mai safiyo a matsayin masani, sai ya faɗi karatunsa da rajistarsa. Hukumar da ke yi wa masu safiyo rajista a Nijeriya, SURCON, an kafa ta da doka a 1989, kuma taswirar da ba mai rajista ne ya sa mata hannu ba tana iya faɗuwa tun a bakin ƙofa. Wannan ya shafi jama'a da dama, domin a unguwanni da yawa wanda ake kira mai safiyo yaron ofis ne da ya iya riƙe na'ura, ko ma'aikacin ƙaramar hukuma mai tef. Akan kuma yi ƙoƙarin kore taswira da sashe na 83, wanda ya hana karɓar takardar da mai wata maslaha a shari'a ya rubuta bayan rigima ta kunno kai. Kotuna ba su cika karɓar wannan suka ba, saboda suna ganin ƙwararren da aka biya ladan aikinsa ba shi da rabo a filin, kuma taswirar shari'a dole bayan rigima ake yin ta.

Karɓar takarda daban, ba ta nauyi daban. Nauyin a wurin tambayoyin lauyan ɗaya ɓangaren ake gane shi. Kai da kanka ka je filin, ko yaranka ka tura? Wa ya nuna maka iyaka? Maƙwabta suna wurin? Daga wane turken gwamnati ka ɗaure awonka? Turakun da ka zana ka same su a ƙasa, ko kai ka kafa su? Ka ajiye kwafin aikin a ofishin Babban Mai Safiyo na jiha? Mai safiyon da ya amsa cewa bai taka wurin ba, hatiminsa kawai ya buga, ya gama zubar da darajar takardarsa. Alƙali ba dole ne ya bi ra'ayin masani ba, musamman idan bai bayyana hanyar da ya bi ya kai ga sakamakonsa ba, ko sakamakon ya ci karo da hankali. Amma idan masani ya yi bayani mai ma'ana, ba a girgiza shi da tambaya ba, ba a kawo wani masanin ya musanta ba, alƙalin da ya yi watsi da shi ba dalili yana gayyatar kotun sama ta rushe hukuncinsa.

Wahala ta gaske tana zuwa ne idan kowane ɓangare ya zo da tasa taswirar, kowacce da hatimi, kowacce daga hannun mai rajista. Abin da aka saba shi ne a haɗa su a takarda guda bisa ma'auni ɗaya, a ga inda suka hau kan juna. Wani lokaci ɗaya daga cikin masu shari'ar ne yake sa a yi wannan haɗaɗɗiyar taswira, wani lokaci kotu ce take neman ofishin Babban Mai Safiyo ya yi. Abin da ba a yarda da shi ba shi ne alƙali ya koma ofishinsa shi kaɗai ya ɗora wannan takarda a kan waccan, ya ɗauki rula ya fitar da nasa sakamakon. Tun a 1961, a shari'ar Duriminiya da Kwamishinan 'Yan Sanda a nan Arewa, aka tsayar da cewa aikin alƙali shi ne ya auna abin da aka baje kuma aka gwada a bainar kotu, ba ya zama mai bincike a bayan fage ba. Shari'ar ba ta fili ba ce, amma ƙa'idarta ta bi duk wata takarda da ake jibge wa kotu ba tare da an yi bayaninta ba.

Mutane sukan ɗauka idan taswira biyu suka saɓa, to ɗaya an saye mai ita. Yana faruwa, ba a musu. Amma sau da yawa dalilin na sana'a ne. Tsofaffin awon Nijeriya an ɗaure su ne da wani tushe da ke kusa da Minna, shi kuwa GPS da tushen duniya yake aiki. Wuri ɗaya, idan aka karanta lambobinsa a tsarin biyu ba tare da an juya ɗaya zuwa ɗaya ba, sai ya yi tsalle da gomman mitoci. A garin da fuloti yake ƙafa 50 a 75, wannan ya isa ya ɗauke gidan mutum ya ajiye shi a kan na maƙwabcin maƙwabcinsa. Wasu tsofaffin shimfiɗun filaye kuma da ƙafa aka auna su, sababbi da mita. Wasu an ɗaure su da turken gari ne kawai, ba da na ƙasa ba. Ga kuma sabon yayi na ɗaukar lamba da wayar hannu, wadda kuskurenta yakan kai mita uku ko biyar, wato ya fi faɗin abin da ake faɗa a kai. Lauyan da bai san waɗannan ba ba zai iya tambaya a kansu ba, alƙali kuma ba zai tambaya a madadinsa ba. Nan ne mai gaskiya yakan faɗi ba don ƙarya ta fi shi hujja ba.

Saboda irin wannan ne masu safiyo a ƙasashen da suka gaji dokar Ingila suke da tsohuwar ƙa'ida: alamar da aka kafa tun asali, idan an same ta inda take ba a taɓa ta ba, ta fi lambar da ke takarda ƙarfi, ita kuma lambar tsawo ta fi jimillar faɗin fili ƙarfi. Aikin mai sake awo shi ne ya gano inda na farko ya kafa iyaka, ba ya gyara masa ba. Matsalar ita ce turken siminti ba shi da wuyar tugewa da dare, kuma tirela ko mai haƙa kwata yakan kawar da shi ba da niyya ba.

Idan takardu suka kasa, sai kotu ta tashi ta je wurin. Sashe na 127 na Dokar Shaida ya ba da damar haka, ko dai kotu ta ci gaba da zamanta a can, ko ta duba ta dawo a ba da shaidar abin da aka nuna. Sharaɗin shi ne ɓangarorin su halarta, a rubuta abin da ya gudana, a ba kowa damar tambaya. Alƙali ya je ne ya fahimci shaidar da ke gabansa, ba ya zama shaida ba. Hukunce-hukunce da dama sun rushe a sama saboda an je gani da ido ba a rubuta komai ba.

Duk wannan tsarin babbar kotu ne. Mafi yawan rigingimun iyaka a ƙasar Hausa kuwa a kotunan yanki da kotunan shari'ar Musulunci suke ƙarewa, inda sashe na 256 na Dokar Shaida ya ce dokar ba ta ɗaure su a ƙararrakin da ba na laifi ba. A can fiƙihun Malikiyya ne yake aiki: mai da'awa ya kawo shaidu, in ya kasa a juya ga rantsuwa. Sai dai kada a ɗauka masani baƙo ne a wannan tsari. Malaman mazhabar sun daɗe da yarda alƙali ya nemi masu sanin sana'a a kan abin da ya shige masa duhu. Risala, wadda kowane almajirin zaure ya sani, ta kawo hukuncin katangar da maƙwabta biyu suke jayayya a kanta, inda ake duba ɓangaren da ɗaurin ginin ya fuskanta, abin da magini ne zai iya karanta shi. A Tunis ta ƙarni na 14 an yi wani magini, Ibnur Rami, wanda alƙalai suke aikawa ya duba irin waɗannan rigingimu, har ya rubuta littafi a kan hukunce-hukuncen gini. Ga kuma hauzi: wanda yake gari, yana ganin wani bare yana gini ko noma a wuri shekara goma, bai yi magana ba kuma babu abin da ya hana shi, da'awarsa ba za a saurare ta ba, ko da awo ya nuna an shigo masa. Tsakanin 'yan'uwa wa'adin ya fi haka tsawo sosai. Ma'ana, a nan ma taswira tana iya zama daidai mai ita ya faɗi.

Wace kotu za a je ma wani tarko ne. Dokar Amfani da Filaye ta 1978, a sashe na 39, ta keɓe wa babbar kotu shari'ar filin da gwamna ya ba da haƙƙinsa. Sashe na 41 ya ba kotunan yanki da makamantansu hurumi a kan haƙƙin gargajiya da ke ƙarƙashin ƙaramar hukuma. A 2000, a shari'ar Adisa da Oyinwola, Kotun Ƙoli ta ce babbar kotu ma tana da hurumi a filayen karkara. A shekarar dai, a shari'ar Magaji da Matari, ta sake jaddada cewa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ba ta da hurumi a kan rigimar mallakar fili zalla, wadda ba ta gado ko wakafi ko kyauta ba. Mutum yakan kashe kuɗin safiyo da na lauya shekaru, a ƙarshe a ce masa tun farko ya ɓata hanya.

Ko tsakanin ƙasashe haka abin yake. Kotun Duniya, a shari'ar Burkina Faso da Mali ta 1986, ta ce taswira ita kaɗai bayani ce, ba ta zama hujjar mallaka sai in an haɗa ta da wata yarjejeniya. A shari'ar Nijar da Benin ta 2005 kuwa, sai da kotun ta fara yanke cewa iyakar tana bin mafi zurfin hanyar jirgi a kogin Kwara, sannan ta jingina da rahoton awon kogin da kamfanin NEDECO na ƙasar Holan ya fitar a 1970 don gano inda hanyar take. Da haka tsibirin Lete ya faɗa hannun Nijar. Doka ta faɗi abin da za a nema, masu awo suka nuna inda yake.

Inda nake ganin gyara shi ne lokacin da ake shigo da awo marar ɓangare. A yanzu sai kowa ya biya nasa mai safiyon, an yi shekaru ana ɗage zama, sannan a tuna da haɗaɗɗiyar taswira. Da tun a zaman share fage kotu za ta sa a yi awo guda, ɓangarorin biyu da maƙwabta suna tsaye, kowa ya nuna nasa layin a zana su a takarda ɗaya bisa tushe ɗaya, da ƙararraki da yawa sun mutu a nan, domin mutum zai ga da idonsa cewa abin da yake shirin sayar da shanu a kansa bai fi faɗin tabarma ba. Waɗanda suka rage kuma za su tafi kai tsaye ga tambayar mallaka.

Wannan ba zai warkar da tushen ciwon ba. Kano ta san awon gona tun farkon mulkin Turawa, lokacin da malaman taki suke auna gonaki da taku, amma don haraji aka yi shi, ba don tsayar da iyaka ba. Yau kuma manyan unguwannin da suka kewaye biranenmu awon igiya ne: mai gona da dillali suka yanka, mai unguwa ya sa hannu, takardar ciniki ta ce fuloti ɗaya a wuri kaza ba lamba ba turke. Hukumomi irin su AGIS a Abuja, KADGIS a Kaduna da KANGIS a Kano suna mayar da bayanan filaye cikin kwamfuta, amma abin da ba a taɓa aunawa ba babu abin da za a shigar. A irin waɗannan wurare mai safiyon kotu ba shi da tsohon awon da zai koma gare shi, dole a dawo ga dattijon da ya ga ranar da aka ja igiyar. Shawarar awo guda ɗin ma tana da nata rauni: ofishin da aka fi dogara da shi a matsayin marar ɓangare, wato na Babban Mai Safiyo, na gwamnatin jiha ne, alhali a ƙararraki da yawa ma'aikatar filaye ce ta ba mutum biyu wuri ɗaya, ko ita ake ƙara a kan ta yanka fuloti a cikin gonar wani. A irin wannan shari'a ya kamata kotu ta bar ɓangarorin su amince da wani mai rajista daga waje, a kuma kira shi ya amsa tambayoyin kowa kamar sauran shaidu.